Murya da Fuska: Amsoshin Tambayoyinku kan Mace Mai Waƙa da Fim

Wasiƙun wannan wata kusan duk wuri ɗaya suka dosa, wato macen da ke waƙa kuma take fitowa a fim. Yawancinsu daga Agege da Idi-Araba da Mile 12 da Obalende suka zo. Mun taƙaita masu tsawo, mun cire sunaye kamar yadda muka saba, amsoshin kuwa sai da muka tattauna su da ma'aikatan situdiyo da na lokeshan kafin mu rubuta.

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Tun da Onyeka Onwenu ta rasu nake jin waƙoƙinta a rediyo da shagunan maƙwabtanmu. Ni a fim na san ta, kullum a matsayin uwa. Wace ce ita, kuma da wanne ta fara, waƙa ko fim?
Daga wata mai karatu, Agege

AMSA: Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Da aikin jarida ta fara. An haife ta ranar 31 ga Janairu 1952. Asalinta 'yar Arondizuogu ce a jihar Imo ta yanzu, amma a Fatakwal ta tashi. Mahaifinta, D. K. Onwenu, malamin makaranta ne kuma ɗan siyasa, ya rasu a hatsarin mota tana 'yar shekara huɗu. Ta yi digirin farko a Kwalejin Wellesley da ke Amurka, ta yi na biyu kan harkar yaɗa labarai a New York, ta ɗan yi aiki a Majalisar Ɗinkin Duniya, sannan ta dawo gida a 1980 ta yi bautar ƙasa a gidan talabijin na NTA nan Legas.

A NTA aka fara sanin fuskarta. A 1984 ta gabatar da wani shirin bincike na haɗin gwiwar BBC da NTA mai suna Nigeria: A Squandering of Riches, kan yadda aka yi facaka da arzikin ƙasar nan. Waƙa kuma tana tafe a gefe: faifanta na farko ya fito a 1981, One Love da kike ji a shaguna ta fito a 1986, a ƙarshen shekarun 1980 kuma ta yi waƙoƙi biyu da King Sunny Ade kan tsarin iyali. Da Turanci da Ibo ta fi rerawa, daga baya ta karkata ga waƙoƙin coci.

Fim shi ne auta. Ta shiga ne a shekarun 1990 bayan ta haura arba'in, shi ya sa kika san ta a uwa. Ta ci lambar yabon finafinan Afirka ta AMAA a matsayin jaruma mai taimakawa a 2006, ta fito a uwar Chiwetel Ejiofor a Half of a Yellow Sun a 2013, sannan a Lionheart na Genevieve Nnaji a 2018, inda Sani Mu'azu da Yakubu Mohammed suka fito a uba da ɗa masu kamfanin sufuri. Ta taɓa siyasa, ta nemi shugabancin ƙaramar hukumarsu ta Ideato ta Arewa ba ta samu ba, a 2013 kuma aka naɗa ta shugabar Cibiyar Bunƙasa Mata ta Ƙasa a Abuja. Ta rasu ranar 30 ga Yuli 2024 tana da shekara 72, jim kaɗan bayan ta gama waƙa a wani bikin zagayowar ranar haihuwa nan Legas.

Mutane kan ce baiwa ce, kuma ba ƙarya suka yi ba. Sai dai ki lura, tsakanin faifanta na farko da shigarta fim akwai sama da shekara goma. Lokacin da furodusoshi suka zo, sunanta suka zo nema, wanda aka zo nema kuwa cinikinsa daban yake da na mai roƙon a saka shi. Abu na biyu, ba ta yi wasa da haƙƙinta ba: a shekarar 2000 ta yi yajin cin abinci a ƙofar NTA saboda ana sa waƙoƙinta ba a biyanta. Ki karanta tambaya ta biyar a ƙasa, za ki ga matsalar tana nan da ranta.

TAMBAYA: Shekarata 21. Ina yi wa ƙawayena waƙar biki, kowa na cewa ina da murya, kuma ina sha'awar fim. Me ya sa jarumai mata na finafinan Hausa ba sa rera waƙoƙinsu da kansu? Ni da wanne zan fara?
Daga wata budurwa, Mile 12

AMSA: Ƙanwata, haka aka gina masana'antar tun shekarun 1990. Ana fara buga waƙar a situdiyo, wani lokaci tun ba a zaɓi 'yan wasa ba, sannan jaruma ta zo ta hau. Shi ya sa duk Arewa ta san muryar Fati Nijar da ta Maryam A. Baba kafin mutane da yawa su san fuskokinsu. Dalilin kuɗi ne da lokaci: gogaggiyar mawaƙiya za ta gama waƙa cikin awa ɗaya ko biyu, sabuwa kuwa sai ta cinye wunin situdiyo. Maza irin su Yakubu Mohammed da Sani Danja sun haɗa biyun, a mata ne abin ya yi ƙaranci. A finafinan Legas tsarin ma ya sha bamban, domin ba a tsayar da labari a yi rawa da waƙa. Waƙar a ƙarƙashin hoto take tafiya, kuma dabam ake sayenta.

Shawararmu ki fara da waƙa, tunda ita ce a hannunki. Waƙa za ki iya yin ta da kuɗinki kuma ta zama taki. Fim sai wani ya zaɓe ki.

Ga yadda aikin yake. Ki rubuta waƙar, ki rera ta a waya ba kiɗa, ki saurara washegari. Duk baitin da numfashinki ya yanke a tsakiyarsa, ki rage masa kalmomi tun a gida. A situdiyo, kafin a ɗora ganga ko ɗaya, mai fiyano ya nemo inda muryarki ta zauna. Nan sababbi suka fi faɗawa rami. Kiɗan da ake sayarwa a shirye galibi a ma'aunin muryar wani aka yi shi, sai ki ga baiti yana tafiya lafiya, da an zo amshi wuya ya shaƙe. Kada ki ji kunyar cewa a sauke kiɗan ko a ɗaga shi mataki biyu ko uku; aikin daƙiƙa ne a kwamfuta. Ki tsaya kimanin taƙi ɗaya daga makirfo, santimita 15 zuwa 20, da ragar tare iska a tsakani, in ba haka ba duk harafin b da f zai bugi makirfon. Abin sauraren kunne ya zama mai rufe kunne ruf, don kada kiɗa ya zubo ya shiga cikin muryar. Ana ɗauka baiti-baiti, kowanne sau uku ko huɗu, a zaɓi mafi kyau, sannan a ninka amshi. Waƙar minti huɗu, ki ware mata awa uku zuwa huɗu a karon farko.

Akwai matsalar da ta keɓanta da Legas. Injiniyan da ba ya jin Hausa yakan ɗauki ƙarar ƙ da ts a matsayin datti ya goge su, ko ya datse dogon wasali don ya zauna a kan kiɗa, ma'anar kalma ta canja bai sani ba. Ranar haɗa sauti ki zauna kusa da shi, ko ki zo da wanda Hausarsa ta nuna. Na'urar gyara murya kuma a sa ta kaɗan. In aka matsa ta, lanƙwasar da ke ƙawata waƙarmu ce take fara miƙewa.

In lokacin fim ya zo, ki sani wasu ɗabi'un mawaƙa cikas ne a gaban kyamara: kallon idon kyamara, lumshe ido, yawan wasa da hannu, da rera magana maimakon faɗinta. Mai waƙa na jefa murya zuwa ƙarshen fili, alhali ƙaramin makirfon da aka maƙala a wuyan rigar 'yar wasa yana jin ko haɗiyar yawu. Sannan fitowa ɗaya ana ɗaukarta daga nesa, daga tsaka-tsaki, daga kusa, wani lokaci sau goma. In da hannun dama kika ɗauki kofi a ta farko, da shi za ki ɗauka har ta goma, kuma a kan kalma ɗaya. Wannan ba a koyonsa a gidan biki.

TAMBAYA: Mun ɗauki bidiyon waƙa a bakin ruwa a Lekki. Da aka haɗa, bakin jarumar da waƙar ba su tafiya tare, tun ma ba daga tsakiya ba. Laifin wa ne, ita ko edita?
Daga wani mai ɗaukar hoto, Obalende

AMSA: Malam, kalmar da ka faɗa ta "daga tsakiya" ita ce ta nuna inda ciwon yake. Idan baki da waƙa sun fara daidai sannan suka riƙa rabuwa sannu a hankali, ba laifin jaruma ba ne, waƙar da kuka kunna a lokeshan da wadda edita ya ɗora ba gudu ɗaya suke ba. Ko dai an sake taɓa waƙar a situdiyo bayan kun ɗauka, ko kuma ma'aunin sauti ya saɓa. Sautin bidiyo a kilohaz 48 ake aikinsa, waƙoƙi da yawa kuma a 44.1 ake fitar da su. In manhaja ta karanta na biyun a matsayin na farko, waƙar za ta ƙara gudu da kusan kashi 9 cikin ɗari. Haka in kyamara ɗaya tana ɗaukar hoto 25 a daƙiƙa, ɗayar 24 ko 30, aka zuba su wuri guda ba a daidaita ba. Wayar salula ma takan canja gudun ɗaukarta da kanta in haske ya ragu. Maganin shi ne fayil ɗaya tak, na ƙarshe, a kilohaz 48, shi za a kunna a lokeshan shi kuma edita zai ɗora, duk kyamarori a gudu ɗaya.

Idan kuwa tun farko bakin yana baya da tazara iri ɗaya har ƙarshe, sifika ce. Sifikar da ake haɗawa da waya ba igiya tana da jinkiri. Nisa ma haka: sauti na tafiyar kimanin mita 343 a daƙiƙa, don haka duk mita 14 tsakanin sifika da jaruma jinkirin hoto ɗaya ne. A bakin teku, ga iska ga ƙarar ruwa, sai ta riƙa jiran ta ji kafin ta buɗe baki. Wannan edita na iya gyarawa ta hanyar ja da sautin baya kaɗan. Nan gaba ku ɓoye sifikar kusa da ita, ku sa ƙwanƙwasa huɗu a farkon fayil ɗin don ta san inda za ta shiga, ku kuma bar makirfon kyamara a kunne don edita ya sami abin da zai auna.

Nata laifin guda ne in akwai: motsa leɓe ba sauti. Mai hawa waƙa dole ta rera da gaske, ko da a hankali, domin wuya da ƙirji da numfashi duk suna nunawa a hoto. Ta haddace waƙar kwana biyu kafin ranar, har da wuraren da mawaƙiyar ta ja numfashi. Edita kuma ya riƙa auna daidaito da haruffan b, ɓ da m, inda leɓe ke haɗuwa, don nan idon mai kallo yake kama kuskure.

TAMBAYA: Ina waƙar biki kusan duk ƙarshen mako, ranakun aiki kuma ina fita ɗaukar wani shiri mai dogon zango. Wata biyu ke nan muryata a dashe. Ina shan zuma da citta da alewar maƙogwaro, wata kuma ta ce in sayi ƙwayar da ke buɗe murya a kemis.
Daga wata mawaƙiya, Idi-Araba

AMSA: Hajiya, wata biyu ya wuce maganin gida. Dashewar da ta haura mako uku ba mura, likitan kunne da hanci da maƙogwaro ake kai wa, ya zura siririyar kyamara ya ga tantanin muryar da idonsa. Kina Idi-Araba, asibitin koyarwa na LUTH na unguwarku, na LASUTH kuma yana Ikeja. Abin da aka fi samu ga masu irin aikinki shi ne kanta a gefen tantanin biyu, saboda yawan gogayya. In an kama ta da wuri, hutu da horon murya sukan isa. In ta daɗe ta yi tauri, wani lokaci sai an yi aiki.

Ƙwayar da aka ce ki saya, in irin su dexamethasone ce, ki bar ta. Tana sauke kumburi na ɗan lokaci, ki ji kamar kin warke, ki hau dandamali ki ƙara ji wa kanki ciwo, ban da abin da yawan shanta ke jawowa na hawan jini da ciwon suga. Likita kaɗai ke ba da ita, shi ma bayan ya duba. Zuma da citta suna sanyaya maƙogwaro, ba laifi, amma abin da aka haɗiya ta hanyar abinci yake bi, ba ya taɓa tantanin murya. Alewa mai sanyi kuwa ɓoye zafin take yi. Abin da ke isa wurin kai tsaye shi ne sirace da ruwan zafi zalla, minti goma, ba a zuba komai. Ruwan sha yana aiki amma sai bayan awoyi, don haka tun safe ake kurɓa, kimanin lita biyu a wuni, ba a ɗura shi minti biyar kafin waƙa ba.

Ki duba abubuwan nan a rayuwarki: hayaƙin janareta a lokeshan, turaren wuta a ɗaki a rufe, shisha ko da ta wasu ce, ɗaga murya a waya cikin hayaniyar danfo, da cin mai yaji da dare a kwanta a kai. Na ƙarshen nan yana ɓoye kansa, domin ruwan ciki kan taso ya ƙona maƙogwaro cikin barci ba tare da kin ji ƙwannafi ba. Alamarsa nauyin murya da safe da yawan kaki. Ki bar awa uku tsakanin abinci da kwanciya. Raɗa ba hutu ba ce, tana gajiyar da murya, gara magana ƙasa-ƙasa ko shiru gaba ɗaya. Kafin waƙa ki ɗumama murya minti goma zuwa sha biyar: guna da baki a rufe, kaɗa leɓe, ko hura sauti ta tsinken shan lemo cikin rabin kofin ruwa. A wurin biki ki dage a ajiye miki sifika mai fuskantarki, don wadda ba ta jin kanta ihu take yi ba ta sani ba. Kuma ki roƙi darakta kada ya sa fitowar kuka ko faɗa ranar Litinin, bayan bikin Asabar da Lahadi.

TAMBAYA: Na fito a wani fim, kuma ni na rubuta na rera waƙoƙi biyu da ke cikinsa. An sallame ni sau ɗaya, ba mu rubuta komai ba. Yanzu fim ɗin yana YouTube, waƙoƙin kuma na gan su a Audiomack da sunan kamfanin. Da na yi magana aka ce ai an biya ni. Ina da hakki?
Daga wata 'yar wasa, Agege

AMSA: 'Yar'uwa, wannan ita ce tambayar da ta fi kowace muhimmanci a wannan wata, kuma ita ce asarar da mata masu sana'a biyu suka fi tafkawa: a yi aiki uku, a karɓi sallamar ɗaya.

A waƙa guda akwai dukiya kashi-kashi. Akwai waƙar kanta, wato baituka da kari, wannan ta wanda ya ƙirƙira ce. Akwai faifan da aka ɗauka, wanda galibi na wanda ya shirya ɗaukar ya biya situdiyo ne. Akwai kuma haƙƙin wadda ta rera. Wasan da kika yi a fim dabam yake da duk waɗannan, kuma a al'adar masana'antar nan sau ɗaya ake biyansa, ko fim ɗin ya shekara goma yana kawo kuɗi. Waƙar ce ke ci gaba da haihuwa. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023, ta ba baituka da kari kariya har shekara 70 bayan rasuwar mai su, faifai kuma shekara 50.

A ƙarƙashin wannan doka, ba a sayar da mallakar waƙa da baki. Sai a rubuce. Izinin amfani na yau da kullum shi ne ake iya bayarwa da baki ko a fahimce shi daga yadda aka yi mu'amala. Ma'ana, da wuya ki ce ba ki yarda a sa waƙoƙin a fim ɗin ba, tunda da kanki kika rera don shi. Amma rashin takarda bai mayar da baitukanki nasu ba. Inda ƙafarki ke da rauni shi ne faifan, in su suka biya situdiyo.

Kafin ki sake yi musu magana, ki tara shaida: littafin da kika rubuta baitukan, muryar gwaji da ke wayarki mai kwanan wata, saƙonnin WhatsApp, shaidar turo kuɗi ta banki, da hoton shafin da aka ɗora waƙoƙin. Sannan ki rubuta musu wasiƙa cikin mutunci, ki nemi abu uku: a sa sunanki, a rubuta kasonki, a nuna miki lissafin abin da ya shigo. In sun yi biris, wasiƙar lauya. Bayan ita akwai Hukumar Haƙƙin Mallaka ta Ƙasa, tana da ofishi a Legas, shari'ar irin wannan kuma Babbar Kotun Tarayya ce ke saurare. YouTube na da fom ɗin neman a sauke abu, kuma tashar da aka yi wa irin wannan gargaɗi sau uku ana iya rufe ta, don haka makami ne mai kaifi. Kada ki taɓa shi sai lauya ya duba, saboda in suka ƙalubalanta, maganar kotu ce za ta biyo baya, kuma zumunci ya riga ya tsinke.

Don gaba, takarda biyu ake yi, ko da shafi ɗai-ɗai ne. Ta fim ta ƙunshi sunan fim, rawar da za ki taka, adadin kwanaki, kuɗin ƙarin kwana in aiki ya zarce, abinci da masauki da mota, kafin alƙalami, da ranar cikon kuɗi. Rabi kafin a fara, rabi kafin ranar ƙarshe ta ɗauka. Wadda ta bar lokeshan da bashi takan daɗe tana sintiri. Ta waƙa kuma ta faɗi sunan waƙar, wanda ya rubuta, wanda ya yi kiɗa, wanda ya rera, da kason kowa har ya cika ɗari. Ta faɗi cewa izini ne aka bayar don wannan fim kaɗai, na shekara kaza, ko ya haɗa da talla ko bai haɗa ba, da wanda zai ɗora ta a Boomplay da Audiomack da Spotify, da asusun da kuɗin zai shiga. In sayarwa ce ɗungurungum, to a rubuta haka, farashin kuma ya nuna haka. Kada ki miƙa tsaftataccen fayil sai kuɗi ya shiga; ki tura na gwaji mai tambarin murya a ciki. Ki karɓi muryarki zalla da kiɗan zalla daga situdiyo ki adana wuri biyu, don situdiyo kan tashi, kwamfuta kan mutu. Ki kuma yi rajista da MCSN, ƙungiyar da ke karɓar wa mawaƙa kuɗi daga gidajen rediyo da talabijin da otal-otal. A ɓangaren fim kuma, ƙungiyar da ke irin wannan aiki ita ce AVRS.

TAMBAYA: Bahaushiya na samun gurbi a finafinan Legas kuwa, ko sai ta koma Kano?
Daga wata ɗaliba, Yaba

AMSA: Tana samu, ƙanwata, musamman mai Hausa da Turanci da Burokin, in ta ƙara da Yarbanci kuwa ta fi. Ali Nuhu ya daɗe yana aiki a ɓangarorin biyu kafin a naɗa shi shugaban Hukumar Finafinai ta Nijeriya a Janairun 2024, Rahama Sadau ma ta yi finafinan Kudu da dama. Africa Magic Hausa da Arewa24 na buƙatar shirye-shirye, masu talla kuma na neman muryar Hausa mai tsabta, aikin da ya dace da mai waƙa ƙwarai. Abin da za ki riƙe shi ne a Legas ake ɗauka, amma a Arewa ake yanke hukunci. A Oktoban 2016 ƙungiyar masu shirya finafinai ta MOPPAN ta kori Rahama Sadau daga finafinan Hausa saboda bidiyon waƙar da ta yi da mawaƙi ClassiQ. Kano na da hukumar tace finafinai tata, ban da ta tarayya. In kasuwar Arewa kike so ta ci gaba da karɓarki, ki karanta labarin fim ɗin da aka kira ki gaba ɗaya kafin ki amsa, ki kuma sa a rubuta iyakarki kan sutura da taɓa jiki a cikin yarjejeniya. A lokeshan, ana jiran rana kar ta faɗi, ba wanda zai tsaya sauraron uzuri.

TAMBAYA: Ni ɗan kasuwa ne, shekarata talatin a Ikko. 'Yata mai shekara 19 ta ga sanarwa a Instagram ana neman masu waƙa da wasa, an ce ta biya kuɗin fom ta zo wani otal da yamma. Ban hana ta sana'a ba, amma hankalina bai kwanta ba.
Daga wani uba, Idi-Araba

AMSA: Alhaji, hankalinka ya gaya maka gaskiya, kada ta je. Mai shirya fim na gaske shi ke biyan ɗan wasa, ba ya karɓar kuɗin gwaji. Kuɗin makaranta dabam, kuɗin rajistar ƙungiyar 'yan wasa ta AGN dabam, kuma su a ofis ake biya a karɓi rasit. Gwaji da rana ake yinsa, a zaure ko ofis, mutane na layi da lamba a hannu. Duk wanda ya ce ɗakin otal, ko ta zo ita kaɗai, ko ta turo hoton da ba za ta iya nuna maka ba, an gama magana.

Ka sa ta tambaye su abu huɗu: sunan kamfani, sunan darakta, aikin da suka yi a baya, da adireshin ofis. Sunan kamfanin ana iya duba shi a shafin hukumar rajistar kamfanoni ta CAC. Mutanen kirki ba sa jin haushin waɗannan tambayoyi.

Yawancin gwajin farko yanzu ma daga gida ake turawa. Ta kwantar da waya a kan wani abu daidai tsayin idonta, hoto daga ƙirji zuwa sama, bango mara ado a baya, hasken taga a fuskarta ba a bayanta ba, a kashe fanka da janareta. Ta faɗi sunanta, tsayinta da harsunan da take ji, ta yi wasan minti ɗaya zuwa biyu, in an nemi waƙa ta rera baiti ɗaya da amshi ba kiɗa. Kwalliya kaɗan, kuma ban da manhajar gyara fuska, don ranar da suka gan ta ido da ido fuskar da ke bidiyon suke son gani.

In da gaske take, horo ya fi yawon gwaji. Makarantar MUSON da ke Onikan na koyar da kiɗa da murya, PEFTI na koyar da wasa da aikin fim, EbonyLife Creative Academy kuma na yin kwasa-kwasan 'yan watanni kyauta da tallafin gwamnatin jihar Legas, sai dai ana tantancewa kafin a ɗauka. Ranar da ta sami aikin farko, a ba ta takardar jadawali mai ɗauke da wuri, lokacin zuwa da lambar mai kula da shiri, kwafi ɗaya ya zauna a wayarka. Ɗauka a Lekki ko Ajah da kiran ƙarfe bakwai na nufin barin gida tun asuba, kuma aiki kan kai dare, don haka tun kafin ta sa hannu a rubuta wanda zai dawo da ita gida ko inda za a sauke ta, sannan wata yayarta ko innarta ta raka ta a kwanakin farko.